Gyaran da Aka Yi wa Karaban

Ina cikin takaba aka kira ni daga Lyon aka ce iska ta kayar da itace a kan karaban ɗin mijina. Na ce to. Wanda ya kira, wani Alhaji ne mai kantin kayan abinci a unguwar Guillotière ta can Lyon, aminin marigayin. Ya jira in ƙara wani abu, ban ƙara ba. A kwanakin nan ko cewa aka yi Paris ta kama da wuta, to ɗin nan zan ce.

Mijina a Lyon yake aiki, ni a Paris, sai ƙarshen mako yake hawo jirgin ƙasa ya same ni a unguwarmu ta Goutte d'Or. Mutum ne mai hankali a komai, ban da mota. Ya sayi wata tsohuwar kat-kat, irin motar da ake ratsa hamadar Tenere da ita, a ƙasar da ko'ina kwalta ce. Na ce, "Malam, wane rairayi za ka shiga a nan?" Ko a jikinsa. Sai ma ya ƙara da karaban, ɗan ɗakin nan mai taya da ake ja a bayan mota. Ya ajiye su a filin wani manomi a bayan gari. In zafi ya yi, can yake kwana, wai ɗakin haya yana shaƙe shi.

Ita kat-kat ya yi mata asiransi, wato inshora, iya wadda doka ta tilasta, yana biya yana tsaki. Ya ce wannan larura ce, Allah yana gani. Amma karaban, tunda a ajiye take, ya ƙi fur. Ya sha tsayawa a kaina ina yankan albasa yana yi mini karatu: ka ba kamfani kuɗi a kan abin da ba ka san zai faru ba, in ya faru ka ci, in bai faru ba su ci, su kuma su juya kuɗin da ruwa. "To me ya raba shi da caca?" Ni kuwa in ce, "Malam, matsa mini, kana tare mini haske."

Sai suka yi nasu. Shi da Alhaji da wasu 'yan Nijar masu irin ciwonsa na kat-kat suka buɗe asusu. Abin da kowa ya zuba kyauta ce, ba ciniki ba, ba ya komawa aljihunsa. In abin wani ya lalace, a sayi kaya daga asusun, sauran kuma su naɗe hannun riga su gyara da kansu. Takaful suke ce masa. Ni majalisar masu baƙin farce nake ce musu, don kullum da baƙin mai yake dawo mini.

Zuciya ce ta buga masa a wurin aiki, kafin in isa Lyon ya cika. Bayan jana'iza mata suka cika mini gida. Suka wanke zanin gado da tawul, aka ninke rigunansa aka rabar sadaka. Taimako suke yi, na sani. Da suka watse na bi gidan ɗaki ɗaki ina shinshina kamar kyanwa, ban same shi ko'ina ba. Sai ƙamshin omo da turaren wutar wasu mata.

Karaban kaɗai ta rage. Na san abin da ke cikinta ba sai na gani ba: bargonsa mai ƙaurin gawayi, matashin da ya lotsa daidai kansa, butar shayin da ba ya yarda a wanke cikinta. Ba na kuka a lokacin, ba na jin komai, abinci ma sai an tuna mini. Amma ina da shiri guda ɗaya. In na fita takaba zan je in rufe ƙofar karaban a kaina, in kwanta a kan wannan matashi. Ban faɗa wa kowa ba. Ta yaya mace za ta buɗe baki ta faɗa wa Alhaji irin wannan?

Alhaji ya sake kira. Bayan gaisuwa ya ce, "Hajiya, kada ki sa komai a ranki. Ke dai ki yi zamanki, amanarsa tana wuyanmu." Na ce, "Allah ya saka da alheri, Alhaji." Daga baya na ji sun yi gardama, wai mai zubi ya rasu, karaban ta zama gado, anya asusu ya shafe ta? Alhaji ya buga tebur ya ce ba za a bar matar wanda ya kafa abin da fasasshen rufi ba. Ni rufin kawai na ɗauka za su taɓa.

Da na fita takaba na hau jirgin Lyon. Alhaji da matarsa suka ɗauke ni a tasha. A filin manomin na tarar da mazan sun jeru cikin kayan Juma'a, ga karaban a bayansu tana ƙyalli. Alhaji ya buɗe ƙofa ya ja da baya. "Bismilla, Hajiya."

Sabon rufi, sabon daɓe, sabon fenti. Matasai ko ledarsu ba a cire ba. Butar shayi an goge ta ciki da waje, matar Alhaji ta ce ita ta yi, sai da ta jiƙa ta da lemun tsami kafin baƙin ya fita.

Na ce, "Bargon fa?"

"Ai ruwan sama ya taɓa gefensa, Hajiya. Muka kwashe komai muka zubar, kada ki zo ki gani ranki ya ɓaci. Ga sabo nan, ya fi wancan kauri."

Manomin, wani tsohon Bature, ya matso yana yaba musu da Faransanci. Ya ce, "Madam, kin yi sa'a da mutanenki. Da kamfani ne, cewa za su yi kada a taɓa komai sai mai duba ɓarna ya zo. Da har yanzu tana nan yadda mijinki ya bar ta."

Na ce haka ne.

Na bi su ɗaya bayan ɗaya na yi godiya, na sa wa iyayensu albarka. Na nemi haushinsu a raina, wallahi na nema, ban samu ba. Mutane ne da suka bar iyalansu Asabar da Lahadi suna hawa tsani saboda ni. Na ce su ba ni ɗan lokaci. Na shiga na rufe ƙofa, na kwanta a inda matashinsa yake a da, leda tana ƙara a kunnena. Ina jin su a waje suna magana ƙasa ƙasa, wani yana cewa a bar ta ta yi kukanta. Na ja numfashi har ƙirjina ya yi zafi, na sake ja. Fenti ne kawai.