Ranar Laraba a Bayan Ruwan Godiya

A shekarun da kuɗin mai suka fara shigowa ƙasar nan, ni malamin gona ne a Ƙanƙara. Katsina ba ta zama jiha ba tukuna, Kaduna ake kai rahotonmu. An ba ni jan babur na gwamnati, aikina in zagaya ƙauyuka in nuna wa manoma yadda ake zuba takin zamani, in kuma duba gonakin auduga har cikin ƙasar Faskari. Soja ke mulki, siyasa kuwa an hana ta tun ina makaranta.

Lokacin ne rediyo ta cika zaurukanmu, kuma ta cikinta wasu kalmomi suka riƙa shigo mana waɗanda ba mu saba ji ba. Wadda ta fi tsaya mani a rai ita ce "ƙarƙashin ƙasa". Mai karanta labarai sai ya ce an kama wasu suna ayyukan ƙarƙashin ƙasa, ya wuce kan farashin gyaɗa kamar bai faɗi kome ba.

Wan mahaifina, wanda muke ce ma Baba, yana zaune a 'Yargoje. Ya taɓa shan ɗauri a zamanin tsohuwar siyasa, shi ya sa na kai mashi tambayar. Na same shi bayan la'asar yana tufka igiya a ƙofar gida.

Ya ce, "Wannan fassarar Turawa ce. Mu nan abin da ke ƙarƙashin ƙasa gara ce, da gyaɗa, da waɗanda suka riga mu gidan gaskiya. A zamaninmu ba haka ake cewa ba. Wanda ya tsaya gaban hakimi ya ce ba ya yi, shi ne ya yi bore. In ya tara jama'a suka ɗau makami, tawaye ke nan. Wanda ya ɗauko kaya daga Maraɗi ya biyo daji don kada a gan shi, ɗan fasa-ƙwauri ne, shi ba ruwanshi da mai mulki, cikinshi yake ma aiki. Mu kuwa da muke taruwa a zaure mu rufe ƙofa, 'yan doka cewa suke muna taron bayan fage. Mu kuma mu ce zumunci muke."

Na ce, "To Baba, wanne ne daidai?"

"Ya danganta da wanda ke riƙe da bulala a ranar." Ya murza igiyar a cinya. "Amma duk waɗannan hukuma ta san da su, su ma sun san da ita. Akwai waɗanda ba su shiga ko ɗaya ba."

Na tambaye shi su wane ne. Ya ce akuyarshi ta kwance, za ta ci ma maƙwabta gero, ya tashi ya bar ni nan.

Da kaka ta gabato, shugaban ofishinmu ya kira ni. Dattijo ne mai ciwon gwiwa, ba ya son tafiya. Ya ce an umarci kowane ma'aikaci ya ba da labarin duk taron da ya gani wanda ba da iznin hukuma aka yi shi ba, kuma ya ji ƙishin-ƙishin cewa duk Laraba mutane na taruwa a dajin da ke bayan Ruwan Godiya, ta wajen Sabuwa.

"Tunda gobe can za ka duba auduga, ka leƙa mana. Kada ka yi magana da kowa, ka dai gani."

Na isa Ruwan Godiya da hantsi. Abin da na fara lura da shi, babu maza a garin. Gindin bishiyar da dattawa ke zama tabarmi ne kawai a shimfiɗe. Mai gyaran keke ya bar kayan aikinshi a fili. Na tambayi wata mata da ke shanya kuɓewa ko yau kasuwar wani gari ke ci, ta ce ita ba ta sani ba, ta shige gida. Sai wata tsohuwa mai fura a bakin hanya, na sayi furarta na sha, na sake tambaya. Ta turo leɓe ta nuna wata 'yar hanya da ta ratsa cikin gamba, sannan ta ce, "In ka tahi, kada ka tambayi kowa sunanshi."

Hanyar ba ta fi faɗin mutum ɗaya ba, gamba ta rufe ni hagu da dama. Da farko ina jin kukan kurciya da sauran tsuntsaye, can sai na daina jin kome in ba ƙarar babur ɗina ba. Ƙarar ta riƙa ba ni kunya, kamar mutum ya yi tari a sahun salla. Na kashe shi na riƙa turawa. Rana ta take tsaka, gumi na zuba, amma tafin hannuna sanyi ƙalau.

Ba zato gambar ta ƙare, na ga fili a ƙarƙashin manyan ɗorawa da kaɗanya, cike da mutane.

Kasuwa ce, ba shakka. Ga gishiri, ga kanwa, ga taba, ga atamfa a ninke, ga batir na rediyo, ga tumaki a ɗaure. Sai dai ban taɓa ganin kasuwa irinta ba, don babu hayaniya. Mai saye zai tsuguna gaban mai sayarwa, su sa hannuwa cikin hannun riga su yi ciniki da yatsu, ya ɗauki kayanshi ya tashi. Babu maroƙi, babu mai talla, babu yaro ko ɗaya. Tumakin ma ban ji kukansu ba. Abin da kunne ke ji kawai shi ne takun ƙafa a kan busasshen ganye. Na tsaya riƙe da jan babur mai lambar gwamnati, ba wanda ya ɗaga kai ya dube ni. Mutane suna kauce mani kamar yadda ake kauce ma kututture.

A gindin ɗorawar da ta fi girma wani tsoho na zaune a kan buzu. Gabanshi wani Bafillace ne da wani manomi, da ganinsu ka san ɓarnar gona ce ta haɗa su. Tsohon ya yi masu magana ƙasa-ƙasa, suka tashi suka yi musafaha, kowa ya kama gabanshi. Sannan ya ce, ba tare da ya juyo ba, "Malamin gona, jingine babur ɗinka ka sha ruwa."

Ban taɓa ganinshi ba. Na jingine babur a jikin bishiyar, inda ta tsage gida biyu, na tsuguna na gaishe shi. Ya miƙo mani gora. Gorar a rana take ajiye, amma ruwan kamar daga randa aka ɗebo shi.

"Yaya Babanka na 'Yargoje? Ƙafar da aka sa ma mari a kurkuku ta bar damunshi da damina?"

Wannan ciwo ko a cikin gida ba kowa ya san da shi ba. Na ce da sauƙi.

"An aiko ka ka gani, ka kuwa gani. In ka koma me za ka ce?"

Na ce, "Baba, ban sani ba."

"Gwada mu ji."

Na ce ko kasuwar bayan fage.

"Fagen wa? Dubi rana inda take. Ba mu rufe ƙofa ba, babu ma ƙofar."

Na ce ko bore ne mutane suka yi ma kasuwar gari.

"Mai bore yana son a ji shi. Mai tawaye kujera yake so. Ka ga wanda ya yi kama da mai son kujera a nan?"

Ban san abin da ya kai ni ba, sai na ji na ce, "A rediyo suna cewa ƙarƙashin ƙasa."

Takun ƙafa ya tsaya. Na waiwaya, na ga duk wanda ke kusa da mu ya juyo yana kallona, masu saye da masu sayarwa, hannuwansu na cikin hannun riga yadda suke. Babu fushi a fuskokinsu. Kallo ne kawai.

Tsohon ya ce a hankali, "Wannan kada ka sake faɗinta a nan."

Na ce na tuba. Jama'a suka koma ga cinikinsu.

Ya ce, "Tun kafin Bature ya auna dajin nan ake zama wurin ga ranar Laraba. Hukuma ta zo ta same mu, ba ta gan mu ba, mu kuma ba mu kira ta ba. Ba faɗa muke da ita ba. Tashi ka tahi, kada ka tada babur sai ka hango rufin kwanon Ruwan Godiya."

Ina jan babur zan fita na wuce ta gaban wani mai kanwa. Hannunshi na fara gani, yana da cindo, yatsa na shida, a na dama. Na ɗaga ido. Telan garin Ƙetare ne, wanda ya ɗinka mani rigar makaranta ta farko. A ƙarshen tsohuwar siyasa aka neme shi aka rasa, aka tsinci hularshi da takalmi ɗaya a bakin rafi. An yi mashi sadakar uku da ta arba'in, matarshi ta yi takaba ta fita. Ni da kaina na ci gumbar sadakar. Ga shi zaune, ko furfura ɗaya bai ƙara ba, yana jera kanwa a kan buhu. Muka haɗa ido. Sunanshi ya zo mani har kan harshe, sai na tuna maganar mai fura, na haɗiye. Ya sunkuyar da kai ya ci gaba da jeri.

Ban waiwaya ba har na hango kwano na walƙiya.

Washegari na faɗa ma shugabanmu duk abin da na gani, ban da tela, don ban san yadda zan faɗe shi ba. Ya saurara yana matsa gwiwa.

"An yi maganar siyasa?"

"A'a, ranka ya daɗe."

"An zagi gwamnati?"

"Ba a ma ambace ta ba sai da na kawo zancen."

"To fasa-ƙwauri ne?"

Na ce akwai atamfa da batir da ban san ta inda suka shigo ba, amma akasarin kayan na ƙasar nan ne, kuma har sulhu na ga an yi.

Ya ce, "Ni ba zan aika ma Kaduna cewa mutane na zaune a gindin ɗorawa ba. Sai abu ya sami suna ake hana shi."

Laraba ta gaba ya haɗa ni da wani kofur na 'yan sanda, na goya shi muka tafi. A Ruwan Godiya maza sun cika gindin bishiya, mai gyaran keke na aikinshi, aka yi ta yi mana sannu da zuwa har da kawo gyaɗa. Mai fura ba ta nan. Muka bi 'yar hanyar, na gane kowace kwana. Muka iske ɗorawoyin, har da mai tsagar nan inda na jingine babur. Amma filin duk gamba ce ta kai mani ƙirji, a tsaye, ba karyayya ko ɗaya. Ba kashin tumaki, ba toka, ba sawu. Tsuntsaye sai kuka suke kamar ana biyansu.

Kofur ya ce, "Malam, rana ce ta buge ka ran nan." Ya yi 'yar dariya. Da muka juyo kuwa na ji shi a bayana yana ta karanta addu'a, kuma da na rage gudu zan gyara madubi ya ce in wuce kawai.

Na je 'Yargoje na kwashe duka na faɗa ma Baba, har da tela. Bai yi mamaki ba, bai kuma yi mani bayani ba. Tambaya ɗaya ya yi.

"Ya ba ka ruwa?"

"Ya ba ni."

"Ka sha?"

"Na sha."

"To shi ke nan, babu abin da za ya same ka."

Na ci gaba da zuwa ƙasar Faskari duba auduga har aka canja mani wurin aiki, ban sake bin hanyar nan ba. Yau in aka ambaci wannan daji wasu kalmomi ne daban ke zuwa bakin mutane, masu ɗauke da bindiga. Abin da na gani ba shi ba ne.

Da soja suka ɗage hanin siyasa, tutoci suka cika gari, sai wata safiya telan ya shigo Ƙetare da ƙafa, da 'yar jaka a kafaɗa. Mata suka watse daga bakin rijiya. Matarshi ta daɗe da yin wani aure har da 'ya'ya, bai ce a tada maganar ba. Wasu suka ce Nijar ya gudu, wasu suka ce a kurkuku aka manta da shi. Samarin wata jam'iyya suka zo za su ɗora shi a mota su zagaya da shi, suna kiranshi ɗan gwagwarmaya. Ya ce shi tela ne, su nemi wani. Ya sami tsohon keken ɗinki ya kafa a rumfar kasuwa.

Na sayi yadi na kai mashi, don in sami dalilin zama kusa da shi. Da rumfar ta rage mu biyu na ce, "Malam, ina jin mun taɓa haɗuwa a bayan Ruwan Godiya."

Ya ci gaba da taka keke. "Ban taɓa zuwa ba."

Na ce to ya auna ni. Ya ce in bar yadin, in dawo ran Juma'a. Rabonshi da auna ni tun ina ɗan firamare. Ran Juma'a na karɓi rigar na sa, ta zauna mani cif, wuya da kafaɗa da tsawon hannu. Na yi sallar idi ɗaya da ita, daga nan na ba ƙanena.