Kiran Kunkuru a Filin Manchester

Wutar da Kaka take ba mu tatsuniya a gabanta ba ta itace ba ce. Hitar gas ce mai jan ido, a falon gidanmu na unguwar Small Heath a Birmingham, irin gidajen nan da ke manne da juna, waɗanda in maƙwabci ya yi atishawa kai ne za ka yi masa addu'a. Babana ya ɗauko Kaka daga Kano don a duba mata ido, aka ce ba za ta daɗe ba. Ta zauna har ta fi direbobin bas sanin gari. Ba ta taɓa yarda hitar nan wuta ce ba. Takan ce, "Wutar da ba hayaƙi, ba toka, ko dankali ba ta gasawa, ai munafuka ce." Amma duk gidan ba wanda ya kai ta matsawa kusa.

Mu biyu ne masu sauraro: ni da Sadiq, ɗan ƙanin babana, da ake kawowa daga unguwar Erdington duk ƙarshen mako. Da yake mu jikokinta ne, ni take kira Maigida, shi kuma Ango. Na girme shi, na kuma ninka shi a jiki, don tun ina yaro cikina ke riga ni shiga ɗaki. In an idar da isha, an suɗe kwanon tuwo, sai ta ja mayafi ta ce, "To ga ta nan ta iso, sanyi bai hana ta ba." Mu kuma mu ce, "Ta shigo ta ji ɗumi."

Wadda muka fi roƙo ita ce ta Kunkuru. Wai shi ba ya iya gudu, amma shi ke koya wa bareyi tsere wa karnukan farauta. Da yake ƙirjinsa a ƙasa yake, yana jin tahowar karnuka tun daga nesa, sai ya kwaɗa kira irin wanda bareyi kaɗai suka san ma'anarsa. In ya ce "Kuka ta faɗi", su karkata hagu. In ya ce "Rafi ya cika", su yi tsalle su haye. Karnuka suka rame har ana ƙirga haƙarƙarinsu. To akwai Dila, maraya, da Kunkuru ya raina a gidansa, kwano ɗaya suke ci. Wata rana karnuka suka yi masa tayin sarautar farauta. Da zai tafi ya dafa bayan Kunkuru ya rantse ba zai taɓa faɗin kiran ba. Kunkuru bai sauya komai ba. Da farauta ta zagayo ya ce "Kuka ta faɗi", bareyi suka karkata hagu, suka tarar karnuka sun riga su can, a zaune, suna hamma.

A nan Kaka ke tsayawa ta ce, "To, laifin wa?"

Ni na ce na Dila ne, maci amana, a kamo shi a yanka. Sadiq, baki cike da biskit, ya ce, "Na Kunkuru ne mana. Me ya hana shi canza kira?"

Kaka ba ta yanke hukunci ba. Ta miƙa wa Sadiq biskit ɗin da ya rage, ta juyo gare ni ta ce, "Maigida, kai kam ƙofar masallaci ne, kowa ya tura ta buɗe." Ni haushin biskit ɗin kawai na ji.

Da na shiga jami'a aka ga ƙirar da Allah ya yi mini, sai 'yan ƙwallon Amurka suka yi mini ca. Wasan nan ne na ƙwallo mai siffar gwanda, da babana yake kira dambe da hular kwano. Aikina shi ne in tsaya a gaba in zama katanga, kuma katanga na zama, har gwiwata ta ce ta gaji. Daga nan na koma gefen fili. Na fara da ɗaukar ruwa da jera hular kwano, na zama mataimaki, na riƙe masu tsaron baya, har dai wata shekara aka ba ni kocin ƙungiyar jami'ar baki ɗaya. Da rana ina aikin akawu a council, wato ƙaramar hukuma, da yamma ina filin wasa na Perry Barr cikin ruwan sama ina yi wa 'ya'yan mutane tsawa.

Shi wannan wasa tsayawa yake yi kowane ɗan lokaci, koci ya kwaɗa wata kalma ta sirri, yaransa su san dabarar da za a yi. Wasu lambobi suke kira, wasu launuka. Ni kuwa na ɗauko kiran Kunkuru. "Kuka ta faɗi", a ruga da ƙwallo ta hagu. "Rafi ya cika", a jefa ta can nesa ta saman kowa. Ka ga ƙaton Bature ɗan Erdington yana ihun "Rafi ya sika", abokan karawa suna kallon juna kamar an yi musu magana da harshen aljanu. Mun ci mutane da wannan har na soma tunanin a gina mini gunki a tsakiyar Birmingham, in dai za a sami isasshen siminti.

Ni na jawo Sadiq cikin harkar. Na mai da shi mataimakina, a motata yake zuwa fili, abincina yake cinyewa. Da wata jami'a a Manchester ta nemi koci, ni na buga waya na yabe shi har bakina ya bushe. Ranar da zai tafi, a ƙofar gidana, shi da kansa ya tayar da maganar.

"Yaya, kiran nan na Kaka amana ne. Ko a mafarki ba zan taɓa shi ba."

Na ce, "Ango, wa ya tambaye ka? Ɗauki jakarka kar jirgi ya bar ka."

Shekarar da ta biyo ta zo mana a karkace. Manyan 'yan wasana sun gama karatu, muka dinga shan kashi. Kwamitin wasanni ya faɗa mini ƙiri-ƙiri: in muka faɗa rukunin ƙasa, za a nemo wani. Wasan ƙarshe kuma da ƙungiyar Sadiq ne, a Manchester. Su ba abin da za su samu ko su rasa, suna tsakiyar teburi hankali kwance. Sadiq ya san halin da nake ciki, don a gidansu na faɗa, gaban mahaifiyarsa. Sabon mataimakina ya ce mu sauya kiran. Na yi dariya na ce, "Ba ka san mu ba. Wuta ɗaya muka ji ɗumi."

Aka busa usur. Na cika ƙirji na ce, "Rafi ya cika!" Sai na ji daga can ɗaya ɓangaren wani jibgegen yaro mai jan gashi ya amsa da harshen Manchester, "Rafi! Rafi!" Duk suka ja baya suka jira ƙwallon kamar masu jiran bas. Na ce "Kuka ta faɗi", suka riga mu hagu. Wannan ba aikin rana ɗaya ba ne, horo aka yi musu. Hausar da Sadiq ya kasa koya wa 'ya'yan cikinsa, ita ya koya wa ƙattin Manchester. A hutun rabin lokaci na juya kiran, sai yarana suka rikice suka koma karo da juna. Yawan cin da aka yi mana ba zan faɗa ba, akwai masu hawan jini a cikin masu karatu.

Da aka tashi ya tako ya miƙo mini hannu.

"Yaya, wasa ne fa."

"Wasa ne, Ango."

"Ni ma ana kallona. In na ɗaga maka ƙafa me za a ce?"

"Ban ce ka ɗaga mini ƙafa ba. Kai ka rantse."

Ya dubi takalminsa, ya ce sanyi ya yi yawa, mu shiga ciki. Kafin Sallah aka sallame ni, da kati mai sa hannun kowa da kofin shan shayi.

Kaka ta daɗe da rasuwa, Allah ya ji ƙanta. Duk tsawon shekarun nan na ɗauka tatsuniyar gargaɗi ce kada mu zama Dila. Sai yanzu nake tuna cewa in tana ba da ita ba Sadiq take kallo ba, ni take kallo. Ta san wanda ke bukatar jin ta. Shi kuwa bai ɓoye mini komai ba, ya faɗi ra'ayinsa tun bai iya ɗaure takalmi ba. Duk da haka rantsuwar nan ba a tatsuniya ya yi mini ita ba, a ƙofar gidana ya yi, ita ce kuma har yau ta ƙi wucewa daga maƙogwarona.

Zumunci bai yanke ba, ba a yanke shi a gidanmu. Sallar da ta wuce mun haɗu a Erdington, 'yar autarsa ta hau cinyata ta ce, "Uncle, Daddy ya ce ka iya story ɗin Kunkuru." Na ba ta tiryan-tiryan, da muryoyi da komai, har inda Dila ya dafa bayan Kunkuru ya rantse. Sai na tsaya a nan na jawo farantin nama.

Ta ce, "Sai me ya faru?"

Na ce, "Tambayi babanki, 'yata. Ya fi ni sanin ƙarshenta."