Sandar Baffa a Tukunyar Miya

Muna idar da sallar asuba muka bar Umdurman, ni da ƙanwata. Baffanmu yana kwance a asibiti a Soba, ɓarin jikinsa ya shanye, ba magana, abinci ma ya ƙi. Hannunsa mai lafiya kawai yake ta kaɗawa a iska. Ƙanwata ce ta gane sandarsa yake nema.

A da Baffa mai busa ne cikin makaɗan 'yan sanda. Wani Baturen Ingila ya koyar da su, mutumin da ya tsufa yana tsara opera, wasan da kowa yake rera maganarsa, har wanda aka soka wa wuƙa sai ya rera kafin ya faɗi. In ji Baffa, wasansa na farko ihu aka yi masa, bai daddara ba, ya ci gaba da tsarawa, yana jan ragamar makaɗa da wata siririyar sanda har kunnensa ya yi nauyi. Da zai bar Khartoum ya ba Baffa ita.

Kuɗin bas ya ninka, raksha kuwa, keke mai ƙafa uku, ba a magana. A bakin gada aka sauke mu ana duba jakunkuna, zalabiya, wato fanken da na saya, ko gutsira na kasa. Tun da yaƙi ya kore mu ba mu taka gidanmu na unguwar Sahafa ba, can kuwa muka bar sandar. Muka tarar ba ƙofa, ba gado, har wayoyin wuta an zare. Na zauna daɓas, na ce shi ke nan.

Maƙwabciyarmu, wata tsohuwa 'yar Jazira, ta kawo mana ful, wato dafaffen wake. Da muka kwatanta mata sandar, sai ta dafe ƙirji.

"Wannan farin tsinken? 'Yar nan, a tsakar gidanku na tsince shi, da shi nake kaɗa kuɓewa!"

Wallahi na rasa dariya zan yi ko kuka.

Da azahar muka isa Soba, ina ta addu'ar kada mu makara. Na damƙa masa sandar, tana ƙanshin miya. Ya ɗaga ta. Ya nuna ƙanwata da ita kamar yadda ake nuna wa mai busa lokacinsa ya yi, sannan ya buɗe baki. Ta ba shi kunu, ya haɗiye.

Magariba ta yi mana a Umdurman. Na koyi abu guda: duk abin da muke gani da daraja ɓarayi sun kwashe, wanda ya buɗe bakin Baffa kuwa tsohuwa ce ta adana shi a madafa.