Sakin da na yi a filin lakkwal

Tun kafin ta fara fitowa a tele na san ta, ɗiyar maƙwabcinmu ce a Madarumfa, tana wasan tiyatir, wato wasan kwaikwayo, a filin lakkwal, makarantar bokon garinmu. Wata rana wanda ke fitowa a matsayin mijinta a wasan ya tafi cin rani Nijeriya, sai ta tare ni ina dawowa daga bakin tabki.

"Baba, yau kai ne mijina. Magana ɗaya ce tak, ka ce ka sake ni."

Ni da ban gama aji biyu ba, na ce wannan kam ba ta fi ƙarfina ba. Amma da na hau dandali, sai na ga taro maƙil. Na rasa inda zan sa ido, sai na sa shi kan fuskar da na sani, ta matata a sahun gaba, na ce, "Na sake ki!"

Matata ta miƙe, ta kaɗe zane, ta hau motar Gabi, garin iyayenta.

Na ruga wurin liman. Ya ce, "Wa ka nufa a zuciyarka?"

Na ce, "Malam, ba kowa, so nake kawai in sauka."

Ya sosa ƙeya, ya ce in je biko, ko ta saku ko ba ta saku ba. Kwana uku na yi a Gabi ina ba da haƙuri kafin ta biyo ni.

Yarinyar nan ta zama babbar 'yar fim. An sake ta a tele ya fi a ƙirga, kuma tana nan ɗakin mijinta na fari. Har yau ban gane yadda nawa kaɗai ya kama ba.