Labarin da Kawu Bai Buga Ba

Kafin a gama sharar ofishinmu Kawu ya iso. A ƙafa yake zuwa, kuma hanyar da ya biyo jiya ba ita zai biyo yau ba. Yakan juya kujerarsa ta fuskanci ƙofa, ya ɗora a kan kwali ƙafarsa ta hagu, wadda wasu suka karya masa a bayan tasha shekarun baya. Duk gidan jaridar Kawu muke ce masa, har editan da ya girme shi.

A bin diddigin masu safarar ƙwaya ya yi furfura. Shi ya tona asirin kantunan da ke sayar wa yara maganin tari don su bugu. Aka rufe su, wasu suka buɗe. Samarin da ya yi hira da su, da yawa ya raka gawarsu. Matarsa ta ce ta daina tambayarsa ina za shi, tunda amsar ba ta rage mata fargaba.

Yana da ƙa'ida ɗaya. Ba ya buga labari sai ya koma wurin wanda ya ba shi, ya karanta masa, ya tambaye shi, "In maƙwabcinka ya ji wannan, zai gane kai ne?"

Bara ya kammala bincike mafi girma a rayuwarsa, kan wani ɗakin ajiya da ke raba ƙwaya ga rabin gari. Wata bazawara mai share wurin ce ta faɗa masa komai. Har an ware masa shafin farko, ya tafi karanta mata. Da ya zo kan wata ƙofa da ke ɓoye a bayan buhunan siminti, sai ta ɗaga hannu.

"Baba, tsaya. Ƙofar nan daga masu wurin sai ni muka san ta."

"In na cire ta fa?"

"To me ya rage? Ai can kayan suke." Ta sunkuyar da kai. "Yarana ba su da kowa, Baba."

Ya dawo ya janye labarin. Edita ya buga tebur. "Kawu, ɗan jarida ne kai ko mai renon marayu?"

"Yallaɓai, jaridar nan jibi an naɗe sabulu da ita. Matar kuwa a unguwar za ta ci gaba da kwana."

Ƙarshen watan nan Kawu zai ajiye aiki. Ɗakin ajiyar yana nan, motoci na shiga suna fita.

Kawu, na san abin yana cin ka. Mun ga yadda kake kau da kai in aka ce ɗan wane ma ya zare. Kai ne ka auna sunanka da ran mutum, ka ajiye sunan. Babu lambar yabo a kan labarin da ba a buga ba, shi ya sa na rubuta wannan.

Mun gode, Allah Ya saka da alheri. Mu da muka rage, mu nemo wata hanyar zuwa ƙofar nan, wadda ba ta bi ta kan matar ba. Tana raye, yaranta suna zuwa makaranta.