Hannun da ya ɗauko ƙuri'a

A gidanmu na Bagudo, da an idar da magariba sai mu kewaye Inna Dije a bakin murhu tana bandar kifi. Kakata ce, mai faɗa kamar me, amma in ta buɗe baki hayaƙi ma ba ya korarmu. Akwai labari ɗaya da ba ma so, kuma kullum shi muke roƙo.

Ta ce farkon zuwan Nasara, a wani ƙauyen masunta can tsallaken iyaka, ƙasar da Faransa ke mulka, aka kawo akwati aka ce za a yi ƙuri'a. An rubuta sunan kowane saurayi an jefa ciki, wanda sunansa ya fito sai a tafi da shi soja. Da mutane suka ce akwai cuta, sai aka kira wata yarinya ta sa hannu, wai hannun yaro ba ya son kai. Ta zaro takarda tana dariya. Sunan wanta ne, Garba, kuma bai dawo ba.

"Tun daga ran nan," in ji Inna, tana rage murya, "akwatin ga bai ƙoshi ba. In ruwa ya kwanta, masunta na jin shi ƙarƙashin gulbi yana kiran sunaye ɗai-ɗai."

Na yi wata ban yarda an aike ni bakin ruwa ba.

Ina saurayi aka ce matan Arewa ma za su jefa ƙuri'a. Na zo mata da karatuna, na ce wannan ta zaɓen shugabanni ce, suna kawai suka haɗa da waccan. Har na ce a wata ƙasa, Finland, mata suna zaɓe tun zamanin da Turawa suka shigo mana, akwati bai ci kowa ba. Na ma tsokane ta cewa tatsuniyarta ce ta firgita ta.

Ba ta zage ni ba, abin da ya ba ni tsoro ke nan. Ta juya tafin hannunta na dama tana kallo.

"Kai ɗan nan, wa ya ce maka tatsuniya ce? Garba wana ne, uwa ɗaya uba ɗaya."

Kunya ta kama ni, har yau ba ta sake ni ba. Na yi zaɓe sau da yawa, ina kuma ganin hakkinta ne aka daɗe ana danne mata. Amma ban ƙara ce mata ta je ba, ita ma har ta rasu ba ta je ba.