Tuwon da Ban Kai Jirgi Ba

Shekara tara na yi ina aiki a wani kamfani mai kai wa jiragen ruwa kayan abinci a tashar Jidda, wadda mu muke ce wa mina. Aikina lodi da saukewa: shinkafa, albasa, kaji, ruwan sha. Jirgin da ya samu wuri a bakin tasha da mota muke kai masa. Wanda yake jira can tsakiyar ruwa kuwa sai mu zuba kayan a lanci, wani ƙaramin jirgi mai inji, mu yi tafiyar kusan awa guda. Ina ɗan shekara biyar Umma ta zo da ni hajji daga Damagaram, ba mu koma ba, a unguwar Mahjar na girma. Ni na samu iƙama, wato takardar izinin zama, a hannun mai kamfanin, shi ne kafilina da ya tsaya min. Umma kuwa tata ta mutu tun rasuwar mahaifina, ba a sabunta ba.

A shekarata ta shida a wurin wani tsohon jirgi ya zo daga yammacin Afirka ɗauke da buhunan riɗi da zoɓo da busasshiyar citta. Wanda ya yi odar kayan ya ce ruwa ya taɓa su, ba zai karɓa ba. Magana ta tafi kotu. Aka rufe rumbunan jirgin, aka ja shi waje aka ce ya jira. Mai jirgin yana wata ƙasa, ya daina ɗaukar waya. Mutum goma sha ɗaya aka bari a ciki, babu mai izinin taka ƙasa. Duk sati biyu wakilin jirgin yakan sa mu kai musu shinkafa da ɗan mitsitsin waken nan adas da man girki da ruwa, iyakar abin da zai hana su mutuwa.

Ran da na fara zuwa, ana jan buhu da igiya sai ya suɓuce ya kusa faɗo min a ka. Na ce, "Kai, wannan buhu zai kashe ni!" Sai na ji murya daga sama: "Wa ya yi Hausa nan?"

Na ɗaga kai. Wani dattijo ne baƙi, gajere, da farar hula da tawul a kafaɗa, ya leƙo har rabin jikinsa ya wuce ƙarfen bakin jirgin. Da na hau, ya riƙe hannuna da hannu biyu ya ƙi saki. Shi ne kukun jirgin. Mutumin zangon Takoradi ne a Gana, Hausarsa irin ta can, mace ma "shi" yake ce mata. Tawa kuma rabinta Larabci. Muka yi ta gyara wa juna magana muna dariya. Ya ce wata bakwai ke nan bai ji Hausa a bakin kowa ba sai nasa, in yana addu'a.

Ya ja ni kicin ɗinsa. Tukwane a wanke tas, a jere, ba komai a ciki. Ya ce tun yana saurayi ya hau ruwa, a jiragen ƙasarsu da aka saya bayan samun 'yanci, suna kai koko da katako Turai. A lokacin, in ji shi, kuku da man jansa da kifinsa da barkononsa yake tashi. Da aka sayar da jiragen ɗaya bayan ɗaya sai ya koma bin duk wanda ya ɗauke shi. Ya buga ƙafa a ƙasa ya ce, "Ɗana, ƙarƙashin nan riɗi ne da zai ciyar da gari guda. Mu kuma a kansa muke kwana da shinkafa fara."

Da zan sauka na tambaye shi ko yana son wani abu daga gari. Na ɗauka katin waya zai ce. Sai ya ce, "Ana samun daddawa a garin nan?"

Na ba Umma labari. Washegari da safe ta sa abaya ta tafi kasuwar Bab Makka, wurin matan da ke sayar da kuka da daddawa da kuɓewa waɗanda alhazai suke zuwa da su. Umma ba ta son fita nesa saboda kamen marasa iƙama, rabon ta da Bab Makka ya fi shekara. Ranar da za mu koma jirgin ta tashi tun asuba ta tuƙa tuwon shinkafa, ta kaɗa miyar kuka da kan rago, ta zuba a kula mai hawa uku, ta ɗaure da tsumma. Na cusa kular tsakanin buhuna, muka wuce ƙofar mina ba wanda ya duba.

Baba, don haka na koma kiransa, ya buɗe kular a kicin ya tsaya yana shaƙar tururin. Bai ci shi kaɗai ba. Ya kira sauran, 'yan Filifin da 'yan Indiya da kyaftin ɗinsu ɗan Siriya, ya gutsura wa kowa, yana nuna musu yadda ake yanka loma. Wasu suka yamutsa fuska saboda warin daddawa, amma ba wanda ya bar nasa. Shi ya ci ƙarshe, a tsaye, ya suɗe kular da yatsa. Ya ce, "Ka gaya wa Hajiya, Allah ya ba shi Aljanna."

Haka muka yi wata huɗu. Umma ta canza. Tun rasuwar mahaifina girki ya fita ranta, burodin tamis da waken ful nake sayo mana yawancin ranaku. Yanzu kuwa tun saura kwana uku take fara shiri, tana tambayata ko yaji ya yi masa yawa, ko haƙoransa suna iya nama. Ba ta taɓa ganinsa ba, "baƙon ruwa" take ce masa. Shi ma ba ya mayar da kular haka nan. Akwai wani rumbu da murfinsa ya ci tsatsa, sukan zura hannu su ɗebo riɗi. Ya soya shi da ɗan sukarin da suke da shi ya yi kantu, ya ce a kai wa Hajiya.

Wata rana da la'asar muna tsaye a bakin jirgin, gari yana can kamar a miƙa hannu a taɓa, ya tambaye ni ta ina Makka take. Na nuna masa bayan duwatsu, na ce tafiyar awa guda ce a mota. Ya ce sau huɗu yana zuwa Jidda a rayuwarsa, bai taɓa wuce shingen mina ba. A ranar na lura ƙafafunsa sun kumbura, ya yanke bayan silifas ɗinsa don su shiga. Ya ce ciwon sukari ne, maganinsa ya ƙare, kyaftin ya rubuta wa wakili.

A wata na biyar aka kawo sabon jami'i ƙofar mina. Ya sa aka sauke buhuna, ya ga kular, ya buɗe. Ya toshe hanci ya ce da Larabci, "Esh hada?", wato mene ne wannan. Na ce abincina ne. Ya ce abincin mutum ɗaya hawa uku? Dafaffen abinci daga waje mamnu'i ne, doka ta hana a kai jirgi. Ya karɓi katina na shiga mina yana jujjuya shi. Sai ya ce, "Wa ya dafa? A ina take zaune?"

Na ce a gidan abinci na saya. Ya kira kafilina a waya. Da yamma kafilin ya sa ni gaba a ofis, bai ɗaga murya ba. Ya ce katin nan da sunan kamfaninsa aka ba ni, in aka sake kama ni da wani abu, shiga ko fita, halas, zai soke iƙamar, in san inda zan nufa.

Abin da ya kamata in yi shi ne in koma gida in faɗa wa Umma. Ban faɗa ba. Na ce a raina hankalinta zai tashi in ta ji an tambayi inda take. Gaskiya kuma akwai kunya, ban so ta san an tsorata ni har na janye. Da sati biyu suka cika ta miƙo min kula, na karɓa. Na tsaya bayan wani gareji kafin mina na ba wasu leburori 'yan Yaman, suka cinye, na ɓoye kular a wurin mai shayi.

Baba yana jirana a bakin tsani. Ya dubi hannuna. Na ce, "Hajiya ba ta da lafiya, Baba. Zazzaɓi." Fuskarsa ta canza. Ya shiga ciki da ɗingishi, ya fito da ƙullin citta da zoɓo, ya ce a dafa mata da zafi ta sha safe da yamma. Na karɓa na gode. A hanyar komawa, da na hango ƙofar mina, na tuna kafili ya ce shiga ko fita. Na saki ƙullin a ruwa. Mai tuƙa lancin ya gan ni, ya kau da kai.

A gida Umma ta ce, "Ya ci?" Na ce ya ci, ya gode. Ta ce, "Yau ba kantu?" Na ce sukarinsu ya ƙare.

Sau shida na yi haka. Kowane zuwa sai na ƙara wa ciwon Umma wani abu, don ƙaryar ta tsaya. Baba ya rame, wuyansa ya fito, ya daina zuwa bakin tsani, sai in same shi zaune a kicin ya ɗora ƙafa a kan bokiti. Ya ce shi ya jawo mata, tsohuwa tana tsayuwa gaban wuta saboda shi. Ya ce kullum yana sa ta a addu'a bayan kowace salla. Ina jin haka in kasa kallonsa, in ce lanci na jira.

A zuwa na bakwai wani ɗan Filifin na tarar a kicin. Ya ce kwana biyar da suka wuce Baba ya faɗi, ƙafar ta yi baƙi, masu gadin teku suka zo suka ɗauke shi. Ya ba ni wata takarda da Baba ya bar min, lambar wayar 'yarsa ce a Takoradi. Na zaga asibiti uku a ranar hutuna. A na ukun wani ma'aikaci ya ce an yi wa wani baƙar fata na jirgi aiki, daga nan aka wuce da shi filin jirgin sama.

Wata biyu takardar tana aljihuna kafin na iya kira. 'Yarsa ta ɗauka. Ta ce an yanke ƙafar daga gwiwa, ya iso gida, ya yi sati uku ya rasu. Ta ce ya ba su labarinmu, har kwana biyu kafin ya cika yana tambaya ko an ji labarin Hajiyar Jidda. Ta ce, "Ta samu sauƙi?" Na ce ta samu.

A ranar na faɗa wa Umma komai. Tana tsince shinkafa a faranti, ba ta ɗago ba har na gama. Ta ce, "Sau nawa?" Na ce shida. Ta ce, "Wa ya ci?" Na faɗa mata. Ta ce to, ba a zubar ba. Ta ci gaba da tsinta, can ta ajiye farantin.

"Da ka gaya min," in ji ta, "da na daka masa kuka da daddawa da yaji, na ƙulla a leda ƙanana, ka zuba a aljihun wandonka. Mutumin nan kuku ne. Da kansa zai kaɗa."

Ban taɓa tunanin haka ba, ko sau ɗaya a cikin sati goma sha biyun nan. Ta tashi ta yi alwala. Kwana uku ba ta yi min magana ba sai abin da ya zama dole. A rana ta huɗu ta ce in kira mata yarinyar ta yi mata gaisuwa. Suka daɗe a waya, ni ina waje a bakin ƙofa, ban san abin da ta faɗa mata game da ni ba, ban kuma tambaya ba.

Sauran mutum goman sun ƙara wata biyar kafin aka mayar da su ƙasashensu. Ni na ci gaba da kai musu shinkafa da adas har ƙarshe. A lokacin riɗin ya riga ya lalace, tun daga nesa ake jin warinsa, har mai lanci yakan ɗaure hanci da rawani kafin mu matsa. Bayan sun tafi aka ja jirgin zuwa inda ake yanka tsofaffin jirage, ni kuma aka mayar da ni ɓangaren mota.